Mafarki a finafinan bebaye: shi ya jawo dabara, ko dabara ce ta jawo shi?

Ɗan_Fagge:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Ina da magana a kan tsofaffin finafinan nan marasa murya, waɗanda aka yi daga wajen 1896 zuwa ƙarshen shekarun 1920. Duk wanda ya kalle su da ɗan yawa zai lura mafarki ya cika su. Mutum zai kwanta, gado ya tashi da shi sama. Mai duban taurari zai yi gyangyaɗi, wata ya matso da baki buɗe ya haɗiye masa madubin hangen nesa. Fursuna zai yi barci, rayuwarsa ta baya ta fito a jikin bangon kurkuku. Ni a ganina, mafarkin da mutanen nan suka nuna da kyamarar da ake murzawa da hannu ya fi kama da mafarkin gaske a kan wanda ake haɗa mana yau da kwamfuta. A mafarki abu ba ya bin mataki kafin ya sauya. Kana tare da yayanka, sai ka ga ashe malaminka ne na firamare, kuma ba ka mamaki. To haka nasu yake. Tambayata: mafarkin suke son nunawa suka je neman dabara, ko dabarar suka samu suka rasa inda za su sa ta, sai suka fake da mafarki?

Bakatsine77:
Wa alaikumus salam. Fakewa ce, Malam. Georges Méliès da ya fi kowa yin irin waɗannan finafinai ɗan dabo ne tun kafin ya taɓa kyamara. Gidan wasan rufa-ido gare shi a Faris, wanda ya saya a 1888. Yana cikin waɗanda suka ga majigin 'yan'uwan nan Lumière, Faransawan da suka ƙera injin haska fim, a Disambar 1895, kuma abin da ya hango a ciki sabuwar hanyar yin sana'arsa ce. Fim ɗinsa na 1896 da yake ɓatar da wata mace a kan kujera ai babu barci babu mafarki a ciki. Siddabaru ne zalla.

'Yar_Maraɗi:
Don Allah kafin ku yi nisa, a fahimtar da mu. Babu kwamfuta, to da me suke ɓatar da mutum?

Edita_Zoo_Road:
Hajiya, bari in amsa wannan, don sana'ata ce. Dabara biyu ce uwar sauran. Ta farko: a tsayar da kyamara, kowa ya daskare a inda yake, a fitar da mutumin ko a sa wani abu a madadinsa, sannan a ci gaba da murzawa. In an haska, ido ba ya ganin tsayawar, sai dai ya ga mace ta zama ƙwarangwal. Kuma ba tsayarwar kaɗai ba ce. Waɗanda suka duba zaren finafinan Méliès sun ga wurin yanka da manni a daidai inda abin ke sauyawa. Wato yana bi da almakashi ya cire hotunan da suka lalace wajen tsayawa da tashi, don motsin ya haɗu sumul.

Ta biyu ita ce ɗaukar hoto fiye da sau ɗaya a kan zare guda. Zaren fim haske yake ci. Inda aka ɗauki baƙi, wurin yana nan kamar allon da ba a yi wa rubutu ba, za a iya komawa a rubuta. Sai a rataya baƙin ƙyalle a baya, a ɗauki mutum a gefe guda, a mayar da zaren baya ana ƙirga juyin hannu, a sake ɗaukarsa a wani gefen. A 1900 Méliès ya fito shi kaɗai a matsayin mutum bakwai, makaɗa da shugabansu, a jere. Ku yi tunani: zare ɗaya ya ratsa kyamara sau da yawa haka, kuma in hannu ya karkace a zagayen ƙarshe, duk wahalar baya ta tashi a banza. Ba ya kuma ganin abin da ya ɗauka sai an wanke.

Ummu_Khalil:
Tabɗi. Wannan ai haƙuri ne kafin ya zama fasaha.

Bakatsine77:
Kuma ta farkon tsautsayi ne ya haife ta. Yana ɗaukar titi a dandalin Opéra na Faris, kyamara ta cije, kafin ya gyara keken doki na haya ya wuce, na ɗaukar gawa ya zo wurin. Da ya haska sai ya ga wannan ya rikiɗe ya zama wancan.

Ɗalibin_Tarihi:
Yaya Bakatsine, wannan labarin daga bakin Méliès kansa ya fito, shekaru bayan abin. Ko ya faru yadda ya faɗa, ba shi ya fara ba. A 1895 kamfanin Edison a Amurka ya yi ɗan gajeren fim na daƙiƙa 18 a kan fille kan Sarauniya Mary ta Scotland. Ɗan wasan ya durƙusa, aka tsayar da kyamara, aka sa mutum-mutumi, gatari ya sauka. Alfred Clark ne ya jagoranci aikin. Abin da za a ba Méliès shi ne ya mayar da dabarar harshe, ya yi ta magana da ita a finafinai sama da 500 tsakanin 1896 da 1913.

Ɗan_Fagge:
Madalla. Amma ku lura, a wannan shekarar ta 1896 da Bakatsine ya ambata, Méliès ya yi wani mai suna Le Cauchemar, mugun mafarki. Mutum yana kwance, ya ga mace zaune a bakin gadonsa, ya kai hannu, ta zama makaɗi, makaɗi ya zama ɗan kama, wata ya matso ya cije masa hannu. Tun a shekarar farko ya gane wannan yankan da mafarki jininsu ɗaya ne. Ni shi nake nufi.

Malam_Na_Zaure:
Zan shigo ta wata ƙofa. Ya zo a hadisi cewa mafarki iri uku ne: na bushara daga Allah, na firgitarwa daga Shaiɗan, da wanda zuciyar mutum ke raya masa. Na kalli da yawa daga waɗanda Ɗan_Fagge ke turowa zauren nan, kuma kusan duka na biyu da na uku ne. Wanda ya fi fitowa fili shi ne na Edwin Porter na 1906, wanda aka ciro daga zanen barkwancin Winsor McCay na jarida. Mutum ya cika cikinsa da burodi da narkakken cuku, ya kora da giya. Ya fito titi ya rungume ƙarfen fitila, ƙarfen yana lilo, gari yana juyawa a bayansa. Ya isa gida ya kwanta, takalmansa suka yi tafiyarsu, wasu ƙananan shaiɗanu suka hau kansa suna sara, gado ya yi ta tsalle har ya fice ta taga ya bi sararin birni. Daga ƙarshe ya maƙale a ƙololuwar hasumiya, ya faɗo ta rufin ɗakinsa. Wannan mafarkin ƙoshi ne. Babu wanda zai kai shi wurin mai fassara. Irinsa ne fadawan sarkin Masar suka kira adgasu ahlam, wato tarkacen mafarki, a Suratu Yusuf, ko da yake su a kan mafarkin gaskiya suka faɗa.

Ummu_Khalil:
Allah ya ƙara sani, Malam. To ai mafarkin sarkin nan ma, shanu bakwai ramammu suna cinye bakwai masu ƙiba, hoto ne tsantsa babu magana a ciki. Wataƙila shi ya sa fim marar murya ya dace da mafarki. Ni in na farka, abin da na gani nake tunawa, da wuya in tuna abin da aka ce.

Baban_Amira:
Ni ban yarda ba. Ina jin magana a mafarki sarai, har karatu ina ji. Kada mu ɗauki rashin da suke da shi mu mayar da shi falala. Da sun sami sauti a 1900 da gudu za su karɓa.

Ɗalibin_Tarihi:
Akwai wani wanda ba a cika ambata ba, kuma a kan tambayar Ɗan_Fagge ya fi Méliès muhimmanci a wurina: George Albert Smith, mutumin Ingila, a yankin Brighton. Shi matsalarsa daban ce. Yaya zan nuna wa mai kallo cewa wannan a cikin kan mutum yake faruwa? A 1898 ya nuna yara biyu suna barci, ya buɗe da'ira a gefen hoton, a cikinta ana ganin abin da ke faruwa a kan rufin gida. A 1900 kuma ya yi na wani dattijo da ke shagali da budurwa, sai hoton ya dushe, ya yi hazo, da ya washe sai ga shi a gado kusa da matarsa tana ture shi. Da gangan ya karkatar da gilashin kyamara don hoton ya dushe. Ferdinand Zecca na kamfanin Pathé ya kwaikwaye shi a 1901, ya narkar da hoto cikin hoto, kuma a shekarar ne ya yi na fursunan da aka ambata a sama. Wannan ba fakewa ba ce. Mutum ne yake da abin faɗa yake ƙera masa hanya. Hazon da har gobe ake sa wa fim in za a shiga mafarki ko tuna baya, jikan wancan ne.

Bakatsine77:
Na ji na Smith. Amma shi ma kafin fim mai wasan sa mutane barci ne a dandamali, kuma mai nuna majigin fitila. Duk tsatso ɗaya ne.

Tsohon_Malamin_Zariya:
'Ya'yana, kun tuna mini da ƙuruciya. Lokacin da motar majigi ke zuwa ƙofar fada bayan magariba, a kafa farin ƙyalle, mai fassara ya riƙe lasifika yana bayani da Hausa. Yawanci na tsafta ne da noma da labarun gwamnati, amma akan haɗa da na ban dariya marasa magana don a tara jama'a. Abin da ban manta ba shi ne ranar da mai injin ya juya fim baya muna kallo. Mutumin da ya faɗa ruwa ya fito da ƙafafu, ruwan ya haɗe, ya dira a kan gaɓa a bushe. Filin nan ya kaure da salati. Babu wanda ya ce mana mafarki ne, ba mu kuma nemi dalili ba.

Ɗalibin_Tarihi:
Allah ya ƙara lafiya, Baba. Abin da kuka gani tun zamanin Lumière ake yinsa. Suna da ɗan fim na rushe katanga, masu haskawa sukan juya shi baya, katangar ta tashi daga ƙura ta miƙe.

Zango_Kumasi:
Maganar Baba ta ƙarshe ita ce maganar. Waye ke buƙatar a ce masa mafarki ne kafin ya yarda? Ku dubi Indiya. Dadasaheb Phalke, wanda babbar lambar yabon fim ta ƙasar ke ɗauke da sunansa, ya yi dogon fim ɗinsa na farko a 1913, kuma shi ma ya taɓa harkar dabo. Ya yi amfani da irin waɗannan dabaru a labarun addininsu, abin bauta ya bayyana, ya ɓace, ya tashi sama. A na 1917 mutum ɗaya, namiji, ya fito a matsayin Rama da matarsa Sita. Bai sa kowa ya kwanta barci ba. Masu kallonsa sun riga sun yarda da labarin tun daga gida. Bature ne da ke son komai ya zo da hujja ya buƙaci a farkar da jarumi a ƙarshe, a ce masa kwantar da hankalinka, mafarki ne.

'Yar_Maraɗi:
Wannan ta shige ni. Mu ma a tatsuniya Gizo zai shiga cikin giwa ya yanko nama ya fito, ba a taɓa cewa mafarki yake ba.

Baban_Amira:
Zango, ka yi wa Bature kuɗin goro. Tafiyar Méliès zuwa duniyar wata ta 1902, da kumbon ya soki wata a ido, ba mafarki ba ce a labarin. Ɓarawon Bagadaza na Douglas Fairbanks na 1924, da darduma mai tashi da doki mai fukafukai, shi ma ba mafarki ba ne, daga Dare Dubu da Ɗaya aka ɗebo shi. Dardumar farantin ƙarfe ce aka rataye da wayoyi a jikin ƙugiyar ɗaga kaya. Turawa sun cika sinima suna kallo ba tare da an farkar da kowa ba.

Edita_Zoo_Road:
Tunda an zo gida, bari in faɗi abin da na gani da idona. Dabarar tsayar da kyamara har yau da ita muke ɓatar da aljani a finafinanmu, kwamfuta hayaƙi kawai take ƙarawa. Akwai wani aiki da aka kawo mini tacewa, boka zai ɓace a gindin tsamiya. Sun tsayar, ya fita, suka ci gaba. Amma a tsakani gajimare ya rufe rana, inuwar bishiyar ta gushe, wani kuma ya taɓa ƙafar kyamara. Da na haɗa, ba boka kaɗai ya ɓace ba, duk dajin ne ya yi tsalle. A nan na gane dalilin da ya sa Méliès ya gina ɗakin ɗaukar fim na gilashi a Montreuil, kusa da Faris, a 1897, ya kafe kyamara wuri ɗaya, ya zana bayan fage da hannunsa. Mutum ne da ba ya barin komai ya motsa sai da izininsa.

Ummu_Khalil:
To ku masu tacewa, me ya sa mafarkin finafinanmu kullum waƙa ce a lambu? Ba a taɓa nuna mafarki mai ruɗarwa irin wanda mutum ke yi da gaske.

Edita_Zoo_Road:
Hajiya, kasuwa ce, kuma daga Indiya muka gada. Furodusa yana son waƙa, labari ba shi da gurbinta, sai a sa jaruma ta lumshe ido. In fakewa ake nema, ga ta nan.

Hauwa_Jamus:
Na makara, amma ba zan bari a wuce Jamusawa ba, don su suka ɗauki abin da gaske. A fim ɗin Dokta Caligari na Robert Wiene, 1920, kusan babu siddabarun kyamara. Gidaje ne a karkace, tagogi masu tsini, tituna da ba sa zuwa ko'ina, har inuwa da fenti aka zana ta a bango da ƙasa. Mai tafiya cikin barci yana bin bango da dare. Sai a ƙarshe ka gane mai ba da labarin majinyaci ne a asibitin masu taɓin hankali. Mafarkin yana cikin ginin kansa.

A 1924 mai shirya fim Murnau da mai ɗaukar hotonsa Karl Freund suka cire kyamara daga kan ƙafarta. A labarin tsohon mai gadin ƙofar otal da aka ƙwace wa kaki, da ya bugu sai ɗakin ya riƙa juyawa da shi, ya yi mafarkin yana ɗaga ƙaton akwati da hannu ɗaya. Sannan a 1926 mai shirya fim Pabst ya yi fim sukutum a kan fassarar mafarki irin ta Freud, likitan nan mai nazarin tunanin ɗan Adam, labarin wani masanin sinadarai da tsoron wuƙa ya kama. Almajiran Freud biyu, Karl Abraham da Hanns Sachs, suka ba da shawara. Shi Freud ɗin ya ƙi sa hannu, don bai yarda za a iya mayar da iliminsa hoto ba. Waɗannan ba wanda zai ce dabara suka tsinta suna nema mata gida.

Bakatsine77:
Hauwa, kin tsallaka shekara ashirin. Ni a kan na farko nake magana. Jikoki sun sami gado sun yi abin kirki da shi, wannan bai canza niyyar kakan ba.

Ɗan_Fagge:
To bari in kawo wanda ya fi ƙarfafa mini gwiwa: Sherlock Jr. na Buster Keaton, 1924. Mai haska fim ne a sinima, barci ya kwashe shi a bakin inji. Ka ga wani shi ya fita daga jikinsa, ya bi tsakanin kujeru, ya hau dandamali ya shige cikin fim ɗin da ake nunawa. Daga nan sai fim ɗin ya riƙa yanka, shi kuwa yana nan inda yake. Zai zauna a benci cikin lambu, sai ya faɗi a tsakiyar titi motoci na wucewa. Ya taka, sai ga shi a bakin tsauni. Ya juya, zakuna biyu. Sai hamada da jirgin ƙasa, sai dutse a tsakiyar teku, ya yi tsalle zai faɗa ruwa ya nutse cikin dusar ƙanƙara ƙafafu a sama. Da kayan awon safiyo suka riƙa auna tazararsa da kyamara a kowane wuri don jikinsa ya faɗa daidai. Abin da Keaton ya nuna shi ne yankan fim na yau da kullum, wanda muka saba da shi har ba ma ganinsa, shi kansa tafiyar mafarki yake yi. Don haka ko Bakatsine ya yi gaskiya a kan niyyar Méliès, abin da ya tsinta ya riga ya dace da mafarki tun asali.

Baban_Amira:
Ko kuwa mu ne muka kalli fim har mafarkinmu ya koma kama da shi. Wa ya san yadda kakanninmu ke mafarki kafin majigi? Sannan wani ɓangare na abin da kake ji tsufan fim ɗin ne: hoton yana rawa, mutane suna sauri. Saurin nan ma ba nasu ba ne. Da yawa an ɗauke su a wajen hoto 16 zuwa 18 a daƙiƙa, aka zo ana haska su a 24 na zamanin sauti.

Hauwa_Jamus:
Wannan gaskiya ne, amma ka nemi waɗanda aka gyara aka mayar da saurinsu. Ka kalli na Victor Sjöström na Suwidin, 1921, keken dokin da ke ɗaukar rayuka. Keken yana tafiya kana hango bishiyoyi ta cikinsa, direbansa ya ratsa ƙofa a rufe, ya sauka har ƙarƙashin teku ya ɗauko wanda ya nutse. Julius Jaenzon ya ɗauka, duk a cikin kyamara, hawa kan hawa. A nutse yake tafiya, babu rawa babu sauri, kuma tsigar jiki tana tashi.

Malam_Na_Zaure:
A kalla don sanin fasaha, amma yara su san wannan tatsuniyar mutanen can ce. Ɗaukar rai ba haka yake ba a wurinmu.

Ɗalibin_Tarihi:
Abin da ke damuna a duk muhawarar nan, da ragowa muke hukunci. Zaren wancan zamani na naitiret ne, yana kamawa da wuta, yana ruɓewa. Binciken da ɗakin karatu na majalisar Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kusan kashi 70 cikin 100 na dogayen finafinan bebaye na ƙasar sun salwanta. Na Méliès wasu an narkar da su lokacin yaƙin duniya na farko don a ciri azurfa, shi kuma da ya karye ya ƙone sauran da hannunsa a 1923, ya koma sayar da kayan wasan yara a tashar jirgin ƙasa ta Montparnasse. Wajen 200 suka tsira. Kuma da yawansu masu launi ne, mata ne a wani shago a Faris ƙarƙashin Elisabeth Thuillier suke bin hoto ɗaya bayan ɗaya da buroshi. Wanda ya kalli baƙi da fari kawai bai ga abin da wasu mutanen 1902 suka gani ba.

Bakatsine77:
Ni ina nan a kan bakata game da na farkon. Amma na Keaton zan sake kallo da wannan idon.

Zango_Kumasi:
Ni kuma har yanzu ba a ba ni amsa ba. Na yarda da misalan Baban_Amira guda biyu, amma ku ƙirga sau nawa ake farkar da jarumi a na Turawa, sau nawa a na Phalke.

Edita_Zoo_Road:
Akwai yaran da nake koya wa aiki, ina so in sa su gwada ta mutum bakwai ɗin nan ba tare da koren ƙyallen da ake haɗa hoto da shi a kwamfuta ba. Matsalar ita ce baƙin yadin da muke samu yana ƙyalli in fitila ta doke shi.

Hauwa_Jamus:
Ka nemi baƙin karammiski a Kantin Kwari, shi ke shanye haske. Ka nisanta shi da ɗan wasan, fitilun kuma su zo ta gefe, kada ko ɗaya ya kalli ƙyallen. In kun yi ku turo mana mu gani.